Babi na Huɗu: Fuskar Jaruma, Taskar Kamfani

A shekarar 1909 masu kallon fim a Amurka suka yi ta aika wasiƙu zuwa kamfanin Biograph da ke New York, suna tambayar sunan wata matashiya da suke gani a majigi kusan kowane mako. Kamfanin ya yi kunnen uwar shegu da su, domin al'adar sana'ar a lokacin ita ce a rubuta sunan fim da tambarin kamfani, a bar 'yan wasa ba suna. Da mutane suka rasa abin kiranta, sai suka laƙaba mata Yarinyar Biograph. Ita ce Florence Lawrence, wadda aka haifa a Hamilton ta ƙasar Kanada a 1886. Laƙabin da ta yi fice da shi ma ba nata ba ne, domin da ta bar kamfanin sai ya koma kan waɗanda suka gaje ta, ciki har da Mary Pickford. Wannan ɗan al'amari ya ƙunshi abin da nake so in kafa a wannan babi. Idan aka bi rayuwar matan da suka yi wasa a finafinai marasa magana, daga wajen 1907 zuwa 1929, za a tarar cewa abin da ya fi yanke wa kowace makomarta shi ne mallaka: wa ke da sunan, wa ke da fim ɗin bayan an gama shi, wa kuma ke riƙe da hanyar da zai bi ya isa gidan sinima. Kyau da basira da farin jini sun shigar da mata da yawa cikin sana'ar, amma waɗanda suka daɗe a cikinta da ƙarfinsu su ne 'yan tsirarun da suka sami hannu a waɗannan abubuwa uku.

Sai an fara fahimtar abin da ya sa ƙofar ta buɗe musu tun farko. Fim a shekarunsa na fari sana'a ce da ba a ganin ta da gashi. Daga 1905, lokacin da aka buɗe wani ɗan gidan kallo a Pittsburgh, irin waɗannan shaguna suka bazu a biranen Amurka, ana biyan senti 5 a shiga, kuma akasarin masu shiga leburori ne da baƙi 'yan ci-rani da mata da yara. Fim ɗaya bai wuce minti 10 zuwa 15 ba, ana kammala ɗaukarsa cikin kwana ɗaya ko biyu. Manyan 'yan wasan daɓe suna jin kunyar a gan su a ciki, attajirai kuma ba su ga abin zuba jari ba, saboda haka babu wanda ya damu ya tsare ƙofar. 'Yan matan da suka shigo yawancinsu sun taso ne a ayarin masu wasan daɓe da ke yawo gari-gari, da dama kuma su ne ke riƙe da gidajensu: mahaifin Pickford ya rasu tana ƙarama, na Lillian da Dorothy Gish kuwa ya tafi ya bar su da uwarsu. Kamfanonin ƙanana ne, kowa yana yin kowane aiki. Florence Turner tana wasa a Vitagraph tana kuma kula da tufafin 'yan wasa. Gene Gauntier ita ce jarumar Kalem, ita ce kuma marubuciyarsa. Ita ta tsara gajeren fim ɗin Ben Hur na 1907, wanda aka yi ba da izinin masu labarin ba, har shari'arsa ta kai Kotun Ƙolin Amurka, wadda ta yanke a 1911 cewa haƙƙin marubuci ya shafi fim. Ta je Ailan ɗaukar fim a 1910, sannan a 1912 ta je Masar da Falasɗinu da labarin da ta rubuta da hannunta. A irin wannan yanayi mace kan koyi sana'ar gaba ɗayanta, daga rubutu zuwa lissafin kuɗi.

Kada a ɗauka cewa aikin nasu tsayuwa ce kawai a gaban kyamara. Wasa ba tare da murya ba fasaha ce da babu wanda ya gada, su ne suka ƙirƙiro ta. Salon daɓe na ɗaga hannu da zare ido an yi shi ne domin na kujerar baya ya gani, amma da kyamara ta matso kusa da fuska sai wannan salo ya zama abin dariya, dole aka koyi faɗin magana da motsin leɓe da sauke ido. Asta Nielsen 'yar Danmak ta nuna haka tun a fim ɗinta na farko, Afgrunden, a 1910, abin da ya sa Jamus ta ɗauke ta, ta zama tauraruwar da aka sani a faɗin Turai. Wanda ya ga Lillian Gish a Broken Blossoms na 1919, a wurin da yarinya ta kulle kanta a ɗan ƙaramin ɗaki uban yana saran ƙofar da gatari, ya san cewa tsoro yana da harshen da ba ya bukatar fassara. Aikin kuma yana da haɗari na gaske. A Way Down East na 1920, Gish ta kwanta a kan ƙanƙarar da ke yawo a kogi, hannunta da gashinta cikin ruwan sanyi, hannun bai koma daidai ba har ƙarshen rayuwarta. Helen Holmes, wadda ta fara fim mai dogon zango The Hazards of Helen a 1914, da kanta take dirar wa jirgin ƙasa yana gudu, kuma fim ɗin ya kai kashi 119 kafin a rufe shi a 1917. A kamfanin Keystone, a 1914, Mabel Normand ta ba da umarni a wasu finafinan barkwanci da sabon zuwa Charlie Chaplin ya fito a ciki. Duk wanda zai yi bayanin faɗuwar waɗannan mata, to ba zai iya jingina ta da ƙarancin iya aiki ba.

Sunan jaruma ya fito fili ne a tsakiyar rigimar 'yan kasuwa. A 1908 Thomas Edison da manyan kamfanoni suka haɗa wata ƙungiya da ta riƙe haƙƙin ƙera kyamara da majigi, tana hana duk wanda ba ya cikinta sakat. Carl Laemmle, mai kamfanin IMP, yana cikin waɗanda aka bari a waje, kuma abin da ya rasa ta fannin na'ura sai ya neme shi a fuskar da jama'a suke so. Ya ɗauki Florence Lawrence bayan Biograph ta sallame ta. A farkon 1910 labari ya bazu cewa ta mutu a hatsarin jirgin cikin gari, sai IMP ta buga talla tana ƙaryata labarin tana ɗora shi a kan abokan gaba, sannan ta kai ta birnin St. Louis jama'a suka yi dafifi suka gan ta da ransu. Masana tarihin fim da yawa suna ganin Laemmle ne ya kitsa labarin tun daga tushe. Wasu kamfanoni, irin su Kalem, sun fara bayyana sunayen 'yan wasansu a daidai wannan lokaci, mujallun masoya fim kamar Photoplay suka fito a 1911, Biograph kuwa ta yi ta tirjiya har 1913. Abin lura a nan shi ne wanda ya yanke shawarar. Kamfani ne ya ɓoye sunan lokacin da yake tsoron 'yar wasa za ta nemi ƙarin albashi, kamfani ne kuma ya fito da shi lokacin da ya ga zai ja masa kasuwa. Duk da haka, daga ranar da mai kallo ya fara sayen tikiti domin sunan mace, macen ta sami abin ciniki a hannunta. Sauran labarin ya danganta da abin da kowace ta saya da shi.

Babu wadda ta gane wannan kamar Mary Pickford. An haife ta a Toronto a 1892 da sunan Gladys Smith, ta shiga Biograph a 1909 a kan dala 10 a rana, ta fito a finafinai 51 a wannan shekara kaɗai. Da ta koma wurin Adolph Zukor a 1913 albashinta dala 500 ne a mako, kuma ita da mahaifiyarta Charlotte ba su bar shekara ta wuce ba tare da sun sake zama teburin ciniki ba. Yarjejeniyar 1916 ta ba ta dala 10,000 a mako, da rabin ribar finafinanta, da kamfani mai sunanta, da ta-cewa a kan darakta da abokan wasa. Sharaɗin da ya fi waɗannan nauyi shi ne wanda ba a cika ambata ba. A lokacin kamfanoni suna sayar da finafinai ne a dunƙule: mai gidan sinima da ke son fim ɗin Pickford sai ya haɗa da tarin wasu da ba ya so. Ta gane cewa da sunanta ake sayar da kayan wasu, sai ta dage a riƙa fitar da nata daban, aka kafa kamfanin Artcraft domin haka. A 1918 ta koma First National da cikakken iko a kan aikinta. Da aka fara raɗe-raɗin cewa manyan kamfanoni za su haɗe domin su karya farashin taurari, sai ita da Chaplin da Douglas Fairbanks da D. W. Griffith suka kafa United Artists a watan Fabrairun 1919, kamfanin da aikinsa shi ne kai finafinansu kasuwa. Tana da shekara 26, kuma matan Amurka ba su ma sami 'yancin zaɓe a duk ƙasar ba sai a shekara mai zuwa. Ta daina fitowa a fim a 1933, amma ta ci gaba da riƙe hannun jarinta har 1956, lokacin da ta sayar da shi a kan dala miliyan 3.

A ɗaya ɓangaren akwai Theda Bara, wadda a shekarunta na tashe sunanta ke tafiya kafaɗa da kafaɗa da na Pickford da Chaplin. Theodosia Goodman ce, 'yar wani tela daga Cincinnati. Kamfanin Fox ya raɗa mata sabon suna, ya ƙaga mata tarihi cewa a hamadar Masar aka haife ta, ya sa ta a A Fool There Was a 1915 a matsayin mace mai halaka maza, fim ɗin kuma ya karɓu fiye da zato. Cikin shekara biyar ta yi wa Fox finafinai kusan 40, ciki har da Cleopatra na 1917, kuma ribarsu tana cikin abin da ya ɗaga kamfanin ya shiga sahun manya. Albashinta ya kai dubban daloli a mako. Amma sunan na kamfani ne, halin da aka san ta da shi kamfani ne ya ɗinka mata, finafinan kuma suna rumbun kamfani. Zanen aro ba ya rufe katara. Da ta gaji da maimaita rawa ɗaya, jama'a ma suka fara ƙosawa, yarjejeniyarta ta ƙare a 1919 ba a sabunta ba, kuma ba ta da wani abu nata da za ta tafi da shi wani wuri. 'Yan finafinan da ta yi bayan nan ba su mayar da ita inda take ba. Bambancinta da Pickford bai tsaya a yawan kuɗin mako ba. Ɗaya tana karɓar lada ne a kan aikin da ta yi, ɗayar tana tara abin da zai ci gaba da kawo kuɗi da iko ko bayan ta bar gaban kyamara.

Mai karatu da ya san wannan tarihi zai iya tsayar da ni a nan ya ce ai mata da yawa sun kafa kamfanoninsu, kuma sun faɗi. Gaskiya ne, kuma wannan ita ce suka mafi ƙarfi a kan abin da nake faɗa. Helen Gardner ta kafa nata a 1912. A wannan shekarar Gauntier ta kafa nata, Lawrence da mijinta kuma suka buɗe Victor. Florence Turner ta tafi Ingila a 1913 ta kafa Turner Films. Alla Nazimova ta zuba dukiyarta a Salomé, wanda ya fito a 1923 ya cinye ta. Babu ɗaya daga cikin kamfanonin nan da ya yi tsawon rai. Sai dai idan aka duba yadda suka mutu, za a ga suna ƙarfafa hujjar ne. Mallakar wurin ɗaukar fim kashi ɗaya ne cikin uku. Fim ba ya zama kuɗi sai an buga kwafi masu yawa, an yi talla, an sami gidajen da za su haska shi, an kuma karɓo kuɗin ƙofa, kuma duk waɗannan suna hannun masu rarrabawa. Victor ta dogara da Universal ne wajen fitar da kayanta, ba a jima ba Universal ta haɗiye ta. Kamfanin Turner ya gamu da Yaƙin Duniya na Ɗaya, wanda ya durƙusar da sana'ar fim a Ingila. Lawrence ta ji mummunan rauni a wurin ɗaukar fim a tsakiyar shekarun 1910, ta daɗe tana jinya, da ta dawo an riga an wuce ta. Ita da Turner duk sun ƙare suna karɓar ƙananan rawa a MGM a shekarun 1930. Lawrence, wadda ta fito a finafinai kusan 300, ta kashe kanta a watan Disambar 1938 tana da shekara 52, kabarinta ya zauna ba alama har 1991. Sunan mace a saman takardar kamfani bai hana komai ba muddin wani ne ke riƙe da hanyar kasuwa.

Wannan hanya kuwa ta yi ta ƙuntata ne daidai lokacin da kuɗi suka shigo. A 1919 bankin Kuhn, Loeb da ke New York ya tara wa kamfanin Zukor dala miliyan 10, aka shiga sayen gidajen sinima. Kamfanin Loew's, mai tarin gidajen kallo, ya sayi Metro a 1920, daga nan aka haifi MGM a 1924. Kafin ƙarshen shekarun 1920 'yan kamfanoni kaɗan ne ke yin fim, su rarraba shi, su kuma haska shi a manyan gidajensu na birane. Tsadar aiki ma ta tashi: labarin Ben-Hur da Gauntier ta taƙaita a minti 15 a 1907, da aka sake yin sa a 1925 ya ci kusan dala miliyan 4. Masu ba da bashin irin waɗannan kuɗi suna son tsari irin na masana'anta, kowane sashe da shugabansa, kuma a tunanin wancan zamani shugaba namiji ne. Zamanin da 'yar wasa za ta rubuta labari da safe ta tsaya bayan kyamara da yamma ya wuce. Lois Weber, wadda ta fara a matsayin 'yar wasa, ta kai ga zama daraktar da ta fi kowa albashi a Universal a 1916, ta buɗe sutudiyonta a 1917, amma kamfanin ya rushe a 1921, lokacin da Paramount ta janye daga rarraba mata. Ta rasu a 1939 ba ta da komai, marubuciya Frances Marion ce ta biya kuɗin jana'izarta. A mafi yawan shekarun 1930 Dorothy Arzner kaɗai ce mace mai ba da umarni a manyan kamfanonin Hollywood.

Bayanin da aka fi yawan ji shi ne cewa zuwan magana ne ya kashe taurarin nan, wai muryoyinsu ba su da daɗi ko Turancinsu yana da gargada. Akwai ɗan gaskiya a ciki. Vilma Banky 'yar Hungary ta sha wahala da lafazi, Norma Talmadge kuma ta yi finafinai biyu masu magana ta ajiye aiki. Amma lissafin shekaru bai goyi bayan wannan bayani a matsayin babban dalili ba. The Jazz Singer, wanda ya buɗe zamanin magana, ya fito ne a watan Oktoban 1927. Kafin wannan rana Lawrence da Turner da Gardner da Bara duk taurarinsu sun dushe, Gauntier ta bar sana'ar tun 1920, kamfanonin Weber da Nazimova sun riga sun rufe. Pickford kuwa fim ɗinta na farko mai magana, Coquette na 1929, shi ya ba ta lambar yabo ta Oscar. Sai kuma a dubi waɗanda suka tsallake cikin nasara: Greta Garbo, wadda lafazinta na Suwidin bai hana ta komai ba, da Joan Crawford da Norma Shearer da Janet Gaynor. Dukkansu ma'aikata ne a ƙarƙashin yarjejeniyar MGM ko Fox, kamfanonin da suka ga amfanin kashe kuɗi a kansu. Na'urorin ɗaukar murya masu tsada sun ƙara wa manyan kamfanoni ƙarfi, sun kuma ba su damar rage albashin tsofaffin taurari da sunan gwaji. Magana ta ƙarasa aikin da bankuna da gidajen sinima suka fara kusan shekara goma kafin zuwanta.

Wani bayanin kuma na ɗabi'a ne: wai rayuwar sharholiya da abin kunya ne suka cinye su. Bayan mutuwar 'yar wasa Virginia Rappe a 1921 da shari'ar ɗan wasa Roscoe Arbuckle a kan mutuwar, kamfanoni suka fara saka sharaɗin kyawun hali a yarjejeniya, suka kuma ɗauko Will Hays a 1922 ya tsaftace sunan sana'ar. Mabel Normand ta shiga bakin duniya sau biyu, da kisan darakta William Desmond Taylor a 1922, da kuma lokacin da direbanta ya harbi wani attajiri da bindigarta a 1924. Ba a tuhume ta da laifi a ko ɗaya ba, amma wasu wurare suka hana haska finafinanta, aikinta ya yi ta ja baya har tarin fuka ya kashe ta a 1930. Idan ɗabi'a ce ma'auni, to ya kamata hukuncin ya hau kan kowa daidai, kuma bai hau ba. Pickford ta rabu da mijinta Owen Moore a Nevada a watan Maris na 1920, ta auri Fairbanks a cikin watan, har babban lauyan jihar ya ƙalubalanci sakin a kotu, amma babu wanda ya iya korar ta, domin ba ta da ubangida. Rabuwar Chaplin da Lita Grey a 1927 ta cika jaridu da zarge-zarge masu muni, shi ma ya ci gaba da aikinsa. Arbuckle kuwa, wanda kotu ta wanke a 1922, ma'aikacin Paramount ne, aka ajiye finafinansa aka rufe masa ƙofa. Abin kunya yana taɓa kowa, amma wanda ake iya sallama shi yake kayarwa.

Dole in amince cewa mallaka ba ta warware komai da komai ba. Pickford ta kuɓuta daga hannun kamfani, amma ba ta kuɓuta daga son masu kallo ba: tana da shekara 27 ta fito a matsayin ƙaramar yarinya a Pollyanna, da ta gwada rawar manyan mata a 1923 da 1924 kuma sai ta koma ga yarinta, kuma aske dogon gashinta da ta yi a 1928 ya zama labarin jaridu. Gloria Swanson ta bar Paramount ta shiga United Artists, sai Queen Kelly, wanda aka tsayar da ɗaukarsa a 1929 ba a gama ba, ya jefa ta cikin bashi, domin mai riba shi ne mai asara. Lillian Gish ta daɗe ba tare da kamfani ba, ta koma wasan daɓe ta riƙa dawowa fim har 1987, wato tana da wata sana'ar da Hollywood ba ta mallaka ba. Akwai kuma waɗanda ko damar shiga cinikin ba a ba su ba. Anna May Wong, haifaffiyar Los Angeles mai asalin Sin, ta ja fim ɗin The Toll of the Sea a 1922 tana da shekara 17, amma aka ci gaba da ba ta rawar baiwa da maƙetaciya, har ta tafi Turai a 1928 inda ta yi Piccadilly. Evelyn Preer, baƙar fata, ta yi suna ne a finafinan Oscar Micheaux irin su Within Our Gates na 1920, waɗanda ake haskawa a gidajen kallon baƙaƙe. Launin fata ya riga ya yanke wa zai zauna a teburin ciniki tun kafin a fara maganar kuɗi.

Idan hujjar nan tana da ƙarfi, ya kamata ta tsaya a wajen Amurka ma, kuma ta tsaya. A Indiya, wadda finafinanta ba baƙi ba ne ga mai kallo a ƙasar Hausa, ƙyamar sana'ar ta kai matsayin da Dadasaheb Phalke ya rasa macen da za ta fito a Raja Harishchandra a 1913, sai wani saurayi, Anna Salunke, ya yi rawar sarauniya. A fim ɗinsa na gaba ne Durgabai Kamat da 'yarta Kamlabai suka yarda suka fito. Fatma Begum ta kafa kamfaninta ta ba da umarni a 1926. A Kerala kuwa P. K. Rosy, 'yar ƙasƙantaccen jinsi a tsarin Hindu, ta fito a matsayin mace mai babban asali a fim na farko na yankin, sai aka far mata har ta gudu daga garin, ba ta sake fim ba. Misali mafi bayyana yana Masar. Aziza Amir ta shirya Laila a 1927 da kuɗinta ta kuma ja fim ɗin, kuma ana lissafa shi cikin dogayen finafinan farko na ƙasar. Assia Dagher, 'yar asalin Labanan, ta fara a matsayin 'yar wasa, ta kafa kamfanin Lotus, ta fitar da fim ɗinta na farko a 1929. Daga baya ta bar wasa ta riƙe shiryawa, kuma ita ce ta shirya babban fim ɗin Salahuddin na Youssef Chahine a 1963, shekara 34 bayan wancan fim nata na farko. Fuska tana tsufa a idon kasuwa cikin shekaru kaɗan, kujerar mai shiryawa kuwa ba ta da wannan wa'adi.

Mallaka ta bi waɗannan mata har cikin abin da ake tunawa da su a yau. Zaren fim na wancan zamani an yi shi da wani sinadari mai saurin kama wuta, wanda kuma yake ruɓewa da kansa idan ba a kula ba. Wani bincike da ɗakin karatu na majalisar dokokin Amurka ya fitar a 2013 ya ƙirga dogayen finafinai marasa magana 10,919 da aka yi a ƙasar tsakanin 1912 da 1929, ya gano cewa kashi 70 cikin 100 sun ɓace baki ɗaya, kashi 14 ne kawai suka rage a siffarsu ta asali. Kamfanoni ba su ga amfanin adana abin da ya daina kawo kuɗi ba. A watan Yulin 1937 rumbun Fox da ke New Jersey ya kama wuta, mafi yawan aikin Theda Bara ya tafi a ciki, Cleopatra ɗinta ba a da shi sai 'yan guntaye. Fim ɗaya tilo da Lillian Gish ta ba da umarni, a 1920, ya ɓace. Within Our Gates an tsinto shi ne a wani rumbu a Sifen bayan shekaru masu yawa. Pickford kuwa ta sayi gajerun finafinanta na Biograph ta haɗa da waɗanda ta mallaka, ta taɓa tunanin a ƙone su, daga baya ta sauya shawara ta miƙa su ga masu adanawa, kuma akasarin dogayen finafinanta da suka ɓace na shekarun da take ƙarƙashin Zukor ne. Saboda haka idan muka ce wance ta fi wance iya wasa, sau da yawa muna kwatanta wadda muke iya gani ne da wadda babu sauran abin gani nata.

Wannan ya sa nake ganin an daɗe ana ba da tarihin matan nan ta hanyar da ta rage musu daraja. Ana kawo su a matsayin kyawawan fuskoki da sa'a ta ɗaga, sannan murya ko shaye-shaye ko tsufa suka sauke, alhali takardun yarjejeniya da sunayen kamfanoni suna nuna ma'aikata ne masu wayo, waɗanda suka ga inda kuɗi yake suka kuma miƙa hannu gare shi. Da yawansu sun yi abin da ya dace, sun kafa kamfani, sun rubuta labari, sun tsaya bayan kyamara, sai kasuwar ta dunƙule a hannun 'yan tsiraru kafin su kafu. Tsarin da ya maye gurbinsu, na yarjejeniyar shekara bakwai da ke ba kamfani ikon dakatar da jaruma ya kuma ƙara mata lokacin a kan wa'adinta, ya riƙe Hollywood har sai da Olivia de Havilland ta kai Warner Bros. kotu ta yi nasara a 1944, sannan Kotun Ƙoli ta raba kamfanoni da gidajen sinimarsu a 1948. Yadda jarumai suka rayu a ƙarƙashin wannan tsari, da yadda suka yaƙe shi, shi ne abin da babi na gaba zai duba.